Kawu da Sallama ta Uku

Daga Allah muke, gare Shi za mu koma, kuma ranar Talatar da ta wuce layi ya zo kan Kawu, yayan mahaifiyata, ladanin ƙaramin masallacin lungunmu a Jakara. Ya cika da hantsi, kafin azahar mun dawo daga kai shi. Mutumin da ya shekara arba'in da ɗoriya yana tashin unguwa guda daga barci, ya tafi ko tari bai yi ba.

Kwana uku muka yi a kan tabarma a ƙofar gida muna karɓar gaisuwa, kuma na lura da wani abu. Duk wanda ya zo sai ya yi yadda aka saba: ya haƙuri, Allah Ya jiƙansa, a shafa. Sannan ya gyara zama, ya dubi hagu da dama, ya rage murya ya ce, "Malam, wai ina kundin nan?"

Wani matashin malami da ya dawo daga karatu da ƙarfin gwiwa mai yawa ya ce mini gatan da za mu yi wa mamaci shi ne mu sa wa takardun ashana. Wani daga jami'a ya zo da jaka, ya ce kayan tarihi ne, a ba su su ajiye a ɗaki mai sanyi. Ban taɓa jin jami'a ta nemi sa Kawu a ɗaki mai sanyi ba yana da rai. Abokinsa na ƙuruciya, wani tsohon baduku daga Kurmi wanda kunnensa ya yi nauyi, shi ne ya katse su, da ƙarfi, don ba ya jin kansa:

"Ku bar zancen takarda! Kun taɓa jin asalatun mutumin nan kafin a kawo lasifika? A Ƙofar Wambai ake alwala da ita!"

Sai ya fashe da kuka, aka rasa mai ba shi haƙuri, don sai an ɗaga murya.

Shi ya sa na ɗauki alƙalami. In na yi shiru, nan da shekara goma yaran unguwa za su ce an yi wani ladani a nan mai magana da aljanu. Ba haka aka yi ba. Ina wurin.

Kawu gajere ne, siriri, irin wanda in iska ta taso za ka so ka riƙe masa riga. Inda yake ɓoye muryar nan, Allah kaɗai Ya sani. Kuma yana tattalinta kamar amarya. Ba ya shan ruwan randa sai an sirka, ba ya cin tsami, kullum da kanumfari a kumatunsa. Magana kuwa sai ta zama dole. Ni yakan kira ni Malamin Boko, ya ce, "Kai ne ka huta, surutu ne sana'arka." Ranar da aka kawo lasifika masallaci ya zagaya ta sau biyu, ya ƙwanƙwasa ta da yatsa, ya ce wa liman, "To, wannan ƙarfen yana da alwala?" Ya yi amfani da ita daga baya, amma yana tsayawa nesa da ita, kamar mai gaisawa da wanda ba su shirya ba.

Kundin yana wurina, kuma na karanta shi fiye da sau ɗaya, bari in rage wa mutane wahalar raɗa. Falle talatin da 'yan kai ne, ba a ɗinke ba, a cikin gafakar fata da ta yi baƙi don tsufa. Rabi Larabci, rabi ajami. Kakanmu ya zo da shi daga fatauci, wasu su ce Agadas, wasu su ce Barno. Gara ta cinye fallen farko, don haka ba mu san sunan littafin ba, ba mu san mai shi ba. Gara ta sani, ba ta kuma gaya wa kowa.

Marubucin ya ce duniya ba fili ɗaya ba ce. Gida ce irin gidajen cikin birni: zaure, bayansa soro, bayansa wani soron, haka har bakwai, mu kuma a zauren waje muke zaune muna zaton mun ga gidan. Ƙafa ba ta shiga ciki, ido ba ya shiga. Murya ce kaɗai ke wucewa, kamar yadda baƙo kan tsaya a zaure sallamarsa ta kai har madafa. Wanda ya ɓata, muddin yana da rai, yana cikin sorayen kusa, kuma zai ji. Yawancin fallayen bayani ne na yadda ake fitar da sautin: inda numfashi zai taso, inda za a danne shi, inda za a sake shi, kwana nawa za a yi ana kame baki. Ni a ganina wani mai kunne ne ya sami lokaci da tawada. Amma sharuɗɗansa ba su da duhu. Mai kira dole ya zama wanda ya yi wa ɓataccen huɗuba ranar da aka haife shi, don muryarsa ce ta fara shiga kunnen. Zai tsaya a zaure da tsakar rana, lokacin da inuwa ta shige ƙarƙashin mai ita, ya yi sallama, ya kira shi da sunansa na yanka. Sallamar kuma uku ce, kamar ta kowane gida. In aka yi ta uku ba a amsa ba, mai kira ya juya, kada ya sake, domin wanda yake nema ya wuce soron da ake dawowa.

Shekara da shekaru kundin yana rataye a ɗakin Kawu, ba mai taɓa shi sai ƙura. Sai yaƙin basasa ya zo.

Ɗan farin Kawu taubashina ne, ya girme ni da shekara biyu, tela ne a Ƙofar Wambai. Sunan kakanmu aka sa masa. Kowa ya san abin da wannan ke nufi a gida irin namu: ɗan fari ne, uba ba ya faɗin sunansa don kunya, sunan mahaifi ne, ɗa ba ya faɗinsa don ladabi. Ƙofa biyu aka kulle wa Kawu a kan suna ɗaya. Tun ranar da ya raɗa masa shi a kunne bai sake furta shi ba. Yakan ce "mai sunan Malam". Matar Kawu, wadda muke kira Inna, "yaron nan" take cewa, tana kallon wani wuri. Matar taubashin nawa kuwa "shi" kawai. Ni kaɗai nake rangaɗa sunan tun daga bakin lungu, don in ba shi haushi, shi kuma ya ce, "Ba don wannan marar kunyar ba, da na manta yadda ake kirana."

Kafin yaƙin, a kwanakin nan da aka yi abin kunya a garin nan, aka bi mutanen kudu gida-gida, wani mai gyaran keken ɗinki da ya saba da taubashina ya faɗo zaurenmu ba takalmi. Kawu bai tambaye shi komai ba. Ya sa shi a ɗakin gero, ya ja buhuna ya tare ƙofa. Kwana tara mutumin yana ciki, ba ya miƙewa tsaye don rufin gajere ne, Inna na tura masa tuwo ta ƙarƙashin buhu. A rana ta goma Kawu ya sa masa babbar riga, ya naɗa masa rawani har hanci, ya riƙe hannunsa kamar tsoho marar lafiya, ya raka shi tashar jirgin ƙasa. Bai taɓa ba da labarin ba. Na faɗe shi ne don ba za a gane abin da ya biyo baya ba sai da shi.

Da aka fara ɗibar soja, taubashina ya rufe kekensa da zane ya ce ya gaji da auna kafaɗun wasu. Aurensa bai cika shekara ba. Ya durƙusa gaban Kawu, Kawu ya ce "Allah Ya tsare" yana fuskantar bango. Wasiƙa uku muka samu. Ta huɗu ba shi ya rubuta ba. Ni aka kira in karanta, tunda ni ne mai Turanci, ranar kuma na yi nadamar karatun. An ce ba a gan shi ba tun wata ƙetarar kogi. Ba a ce ya mutu ba, ba a ce yana nan ba.

Inna ta ce, "To me suka ce?"

Na ce, "Sun ce ba su gan shi ba."

"Su da suka ɗauke shi a mota?"

Na yi zaryar bariki har masu gadi suka san ni. Kullum a nuna mini allo mai jerin sunaye, in bi da yatsa kamar mai duba sakamakon jarrabawa, in dawo. Garin ma a lokacin kamar an ɗaure shi. Shingen soja a kowace ƙofa, rediyo na ta kiɗan yaƙi, mutane na tafiya a jikin bango. Sai wata Alhamis Kawu ya sauko da gafakar, ya kaɗe ta, ya ce, "Malamin Boko, zo ka duba mini inda idona ba ya gani."

Na ce, "Kawu, kai ladani ne. Me mutane za su ce?"

Ya ce, "Sallama ce. Ban yanka wa kowa kaza ba, ban roƙi kowa ba sai Allah. In sallama ta zama laifi, a gaya mini."

Kwana arba'in yana shiri. Ranar sallama ta farko ya sa na rufe ƙofar zaure na sa sakata. Ya tsaya a tsakiya, ƙarƙashin ɗaurin gugar rufin, ya fuskanci ƙofar ciki. Sautin ya faro daga can ƙasa, kamar ana jan turmi a wani gida, ya yi ta hawa har na ji shi a haƙorana. Ya yi sallama, doguwa, ya kai inda sunan zai shiga. Sai ya ce, "Mai sunan Malam."

Muka jira. Ba abin da ya amsa.

Mahaifiyata, wadda ita kaɗai ce a duniya ba ta tsoron Kawu, tana bayan ƙofa tana ji. Ta leƙo ta ce, "Yaya, masu sunan Malam nawa ne a Jakara kaɗai? Da za su amsa maka duka, ai zauren nan ba zai ɗauke su ba."

Bayan wata uku ya sake shiri, ya sake tsayawa. Wannan karon na ga leɓensa ya haɗa harafin farko. Na ga jijiyar wuyansa ta tashi. Abin da ya fito shi ne, "Kai, yaron nan." Ya zauna a kan dakali yana haki kamar wanda ya ɗauki buhu.

Saura ɗaya. A nan gidan ya tsaya.

Domin Kawu ya yi lissafinsa. Biyun farko bai ɗauke su shaida ba, tunda shi ya ɓata su, amma sun ƙirgu. In ya yi ta uku daidai aka yi shiru, to shi da bakinsa ya rufe maganar ɗansa. In bai yi ba, ɗansa na nan da rai a wani wuri. Don haka ya mayar da kundin gafaka, ya rataye. Duk wanda ya yi masa zancen sai ya ce, "Na ɓoye ɗan wani kwana tara. Wa ya sani ko wani na can yana ɓoye nawa?"



Aka gama yaƙi. Sojoji suka dawo, masu ƙafa biyu da masu ɗaya. Waɗanda aka kama aka sako su, har wani a Yakasai da aka riga aka yi wa sadakar arba'in ya shigo gida ana tsakar tuwo, labarinsa ya ƙara wa Kawu shekara guda ta jira. Inna ta ci gaba da shanya rigunan ɗanta kowace Juma'a. Keken ɗinkin na nan a soro da zanensa.

Wadda abin ya fi ci ita ce matar taubashina. Tana ɗakinta, damina ta ɗaya, ta biyu, har ta biyar. Ba matar aure ba, don ba miji. Ba bazawara ba, don ba saki ba gawa. In ta ƙunsa lalle a ce wa take yi wa, in ta bari a ce tana yi wa mijinta fatan mutuwa. Ƙanwarta da ta goya ta yi aure ta haihu biyu, ita ko suna sai da rakiya take zuwa, ta dawo kafin la'asar. Shari'a ta ba ta hanya, kowa ya sani, alƙali zai iya yanke maganar. Amma mahaifinta a sahun farko yake salla a masallacinmu. Na taɓa yi masa zancen, ya ce, "Malam, in kai ƙarar mutumin da ke kirana salla sau biyar a rana? In ce masa me, ɗanka ya mutu, ba ni 'yata?" Shi yana jiran Kawu, Kawu yana jiran kogi.

Mahaifiyata ce ta fasa ƙwan. Ta same shi a zaure, ina zaune ina duba littattafan ɗalibai.

"Yaya, ka kira yaron nan."

"Lokaci bai yi ba."

"Yaushe zai yi? Sai yarinyar mutane ta yi furfura a ɗakinka? Kai kana da murya kana ɓoyonta, ita tana da ƙuruciya tana zubewa. Wannan ba tawakkali ba ne, tsoro ne ka naɗa masa rawani."

Ya ce, "Fita."

"Gidan ubana ne, ba inda za ni."

Shi ya fita. Wata biyu ba su yi magana ba. In za ta aika masa da kunu sai ta ce a kai wa ladani.

Abin da faɗa bai yi ba, magana biyu suka yi. Suruka ba ta doguwar magana da uban miji, balle a kan wannan. Amma wata rana da hantsi Kawu na shigowa daga masallaci, ta durƙusa a bakin soro, ta ja mayafi ta rufe fuska, ta ce:

"Baba, ina neman gafara. Ban gaji da gidan nan ba, ba a taɓa yi mini komai ba sai alheri. Amma mai takaba ta san ranar fitarta. Ni ban san tawa ba."

Kawu ya tsaya da takalmi ɗaya a ƙafa. Sannan ya wuce ɗakinsa. Da aka kawo masa abinci, ya mayar. Inna ta dube ni, na dube ta. Mun gane ya fara kame baki, na shirin sallama ta uku.

Ranar ta faɗo Litinin. Na je zan sa sakata, ya ce, "Bar ta a buɗe."

Na ce, "Kawu, mutane za su ji."

"Shi ma so nake ya ji."

Ya yi alwala, ya tsaya inda ya saba. Rana ta take, ba inuwa a lungu ko ta tafin hannu. Sautin ya taso kamar dā, amma wannan karon bai tausaya wa maƙogwaronsa ba. Mai tallan goro ya tsaya. Matan maƙwabta suka bar daka. Ya ja sallamar har na zaci numfashinsa zai yanke, sannan ya faɗi sunan. Cikakke, a fili, da muryar asalatu, sunan ɗansa wanda shi ne sunan ubansa. Ba zan rubuta shi a nan ba. Ni da na yi shekaru ina wasa da shi a bakin lungu, tun ranar ban sake iya faɗinsa ba.

A cikin gida na ji faifai ya faɗi daga hannun Inna.

Kundin ya ce a jira gwargwadon yadda mutum zai sa takalmi ya ƙetare tsakar gida. Kawu ya jira har inuwar bango ta fito ta kai taki guda. Ni kuma, malamin makaranta, wanda bai yarda da layi ɗaya na littafin ba, na kama kaina ina kallon ƙofar soro, ina sauraren takun takalmi.

Ba kowa.

Ya juya, kamar yadda aka ce a juya. Ya taka zuwa bakin soro inda ya san surukarsa tana durƙushe, ya yi magana da wata 'yar murya da ta dushe:

"'Yata, ki yafe mini. Na riƙe ki da yawa. Gobe ni da mahaifinki za mu je wurin alƙali."

Sannan ya ce mini in fito da tabarmi, a sanar da mutane an yi mana rasuwa. Ya tafi ya kira azahar a kan lokacinta. Ba a ji shi ko a bakin lungu ba, amma masallaci ya cika.

Ta yi takabarta wata huɗu da kwana goma, a ɗakin da ta yi shekara biyar. Ranar fita ya aika mata da turmin atamfa da ƙullin lalle ta hannun Inna. Da mai nema ya fito, mahaifinta ya ce Kawu ne waliyyi, shi ya ba da ita, daga gidansa aka ɗauke ta. Mahaifiyata ta koma aika kunu da sunan Yaya.

Sau ɗaya na tambaye shi, bayan shekaru, muna zaune a zauren nan. Na ce, "Kawu, tsakani da Allah, ka yarda da kundin nan?"

Ya juya kanumfarinsa daga wannan kumatu zuwa wancan. Ya ce, "Malamin Boko, ni ban san soraye nawa ne ba, ban ƙirga ba. Abin da na sani, ban haifi yaron da zan kira shi da sunansa yana da rai ya yi shiru ba."

Allah Ka gafarta wa Kawu, Ka yafe masa jinkirinsa, Ka saka masa da kwana taran nan da abin da ya fi su. Ya Ubangiji, bawanKa ya tsaya a ƙofa sau uku a duniya ba a amsa masa ba. Inda ya je yanzu, Ka sa tun sallamar farko a ce masa shigo.